Takardar Ƙunshin Gyaɗa

Akwai wani mutum a layinmu a birnin Kanpur, Harendra, mai rubuta ƙananan littattafan batsa da harshen Hindi, irin waɗanda ake sayarwa a tashar jirgin ƙasa a ƙarƙashin jarida. Ba ya sa sunansa. Matarsa Sulekha ta ɗauka littattafan makaranta yake gyarawa.

Sulekha mace ce mai kunya, ko sunan mijinta ba ta faɗa. Sai da aure ya yi nisa ta buɗe masa cikinta, ta gaya masa abin da take sha'awa tsakaninsu.

A lokacin kan Harendra ya bushe, ya rasa abin rubutawa, mai ɗab'i yana barazanar sallamarsa. Gogan naku ya kwashe maganarta kaf ya zuba a littafi, har da tabon ƙunar fitilar bikin Diwali da ke wuyanta, wanda kowa a layin ya sani.

Littafin ma bai yi kasuwa ba. Aka auna shi a sikeli, aka sayar wa masu ƙunsa gyaɗa.

Ranar nan Sulekha ta sayi gyaɗa a bakin layi. Tana warware takardar, ta ga maganarta.

Da Harendra ya dawo ta miƙa masa. "Baban Munni, ka san wannan matar?"

"Ƙirƙira ce kawai, ki yarda da ni!"

"Har tabon nawa ƙirƙira ne? Matar maƙwabcinmu Dubey ta tambaye ni ɗazu ko wuyana yana ƙaiƙayi, ita da ƙawayenta suna ta dariya."

Harendra ya fita a guje ba takalmi. Ya bi masu gyaɗa ɗaya bayan ɗaya yana roƙo, yana saye takardunsu.

Wani tsoho ya ce, "Ɗan'uwa, kwantar da hankalinka. Tun makon jiya rabin gari ya ci gyaɗa a cikinta."

Ya koma gida ya faɗi a ƙafafunta yana kuka. Wallahi ni ita na tausaya wa, shi ko kaɗan.

Sulekha ba ta tafi gidansu ba. Tana nan, tana dafa masa shayi, tana gasa masa gurasa. Amma daga ranar, duk sa'ad da ya shigo sai ta ja gefen sarin da take yafawa ta rufe fuska, kamar yadda take yi wa baƙo.

Darasi: Sirrin da aka ba ka a ɗaki amana ce, kada ka kai shi kasuwa. Ku tura wa ma'aurata, ko wani zai kama bakinsa tun da wuri.