Kofin Shayi na Biyu

Akwai wata mawaƙiya a nan Grimsby, garin masunta a Ingila, da ake kira Keeley Ransome. Ita ke rubuta waƙoƙinta da kanta, ita ke kaɗa jitarta. Daga waƙa a bukukuwan aure wani kamfani na Landan ya hango ta ya ɗauke ta.

Kundin waƙoƙinta na farko ya ɗan yi tashe, sannan ya lafa. A sana'ar nan kuwa na biyu ne ke yanke hukunci. Ko ki zama tauraruwa, ko a yi miki godiya a nuna miki ƙofa. Keeley ta san da haka sarai.

Tana cikin fafutukar rubuta na biyun ne mahaifiyarta Glenda ta rasu. Ta tattaro ta dawo gida don ta ɗan zauna da mahaifinta, Des, wanda ya ƙare ƙuruciyarsa yana gyaran kifi a tashar jiragen ruwa.

Mu da muka daɗe a garin nan mun san irin su Des. Ko hannunsa ne ya guntule, ka ce masa ya jiki, cewa zai yi, "Ba laifi," ya ɗora da zancen ruwan sama. Ranar jana'iza ko ɗigon hawaye bai yi ba. Da aka watse ma shi ya wanke kwanuka.

Wata safiya Keeley ta sauko daga bene ba takalmi a ƙafarta. Ƙofar kicin a ɗan buɗe take, sai ta hango shi ya jera kofi biyu a kan tebur, nasa mai karyayyen baki da shuɗin na Glenda. Ya zuba shayi a duka biyun, ya tsiyaya madara, ya sa sikari cokali biyu a shuɗin, ya tura shi gaban kujerar da ba kowa.

"An ce yau ma ruwa za a yi, Glenda," ya faɗa a hankali. "Kada ki shanya kaya."

Ya shanye nasa. Ya jira na Glenda ya huce, ya zubar, ya wanke kofin ya goge ya mayar cikin kabad.

Keeley ta koma sama da sanɗa. Washegari ta sake leƙawa, haka. Rana ta uku ma haka. Kafin mako ya zagayo ta rubuta waƙa a kan wani tsoho da kofinsa na biyu. Sunan matar kawai ta canja, ta sa Mary.

Ta tura wa Piers, mutumin da ke kula da harkarta a kamfanin. Ba a jima ba ya kira.

"Keeley, sai da na tsayar da mota a gefen titi, na daina ganin hanya don hawaye. Wannan ce! Wannan ce waƙar da muke jira tun da muka ɗauke ki."

Ta ji daɗi, ba sai an faɗa ba. Wane mawaƙi ne ba zai ji ba?

Ranar Juma'a ta sayo kifi da soyayyen dankali a naɗe cikin takarda kamar yadda suka saba, suka baje takardar a kan tebur. Ta kunna wa mahaifinta waƙar a waya, tana jiran ta ga ya yi alfahari da ita.

Des ya saurara har ƙarshe. Sannan ya ninke takardar a kan sauran kifinsa.

"Ashe leƙena kike yi."

"Baba, ba haka ba ne. Ai na canja sunan."

"Kin canja suna! A garin nan mawaƙa nawa ne uwarsu ta rasu bana? Gobe in shiga shago sayen madara, mai shago ta karkata kai tana yi mini kallon tausayi. In je lambu, kowa ya yi shiru don ga tsohon da ke hira da kujera." Ya numfasa. "Abu ɗaya ya rage mini da uwarki, shayin safen nan. Shi ma sai an kai shi kasuwa?"



Ya miƙe ya ɗauki hularsa. "Waƙarki ce, sana'arki ce. Ba zan hana ki ba."

Da gari ya waye ta sauko, ta tarar da ƙofar kicin a buɗe hanhai. Kofi ɗaya ne a kan tebur. Des yana tsaye a bakin taga yana kurɓar shayinsa, ya ba kujerar baya. Ya ce mata barka da asuba kamar baƙuwa.

A nan ne ta gane girman abin da ta yi. Waƙar ko fita ba ta yi ba, amma ta riga ta raba shi da matarsa karo na biyu.

Ta fita bakin titi ta kira Piers.

"A cire waƙar nan, da babana na yi ta."

"Ya hana ne?"

"Bai hana ba."

"To mene ne? Haba Keeley, kowane mawaƙi da rayuwarsa yake waƙa."

"Da tasa. Wannan ba tawa ba ce, leƙowa na yi."

Piers ba mugun mutum ba ne, ya gaya mata gaskiya tsirararta. "Sauran waƙoƙin suna da kyau, amma kyau bai isa ba. In babu wannan, ba ni da bakin kare ki a gaban manya."

"Na sani," in ji ta.

Haka kuwa aka yi. Kundin ya fito babu waƙar, ya wuce shiru kamar ba a yi ba. Kamfanin ya yi mata godiya, ya nuna mata ƙofar.

Keeley ta kama ɗan ɗaki a saman wani shagon wanki. Ta koma koya wa yara jita, ta koma bukukuwan aure, ranar Talata kuma ta je gidan kula da tsofaffi ta rera musu waƙoƙin zamaninsu. A wajen biki ba a rasa mai baƙin surutu da zai matso ya ce, "Ba ke ce muke gani a talabijin ba? Me ya faru?" Sai ta yi murmushi ta ci gaba da gyara igiyar jitarta.

Kada ku ɗauka abin bai ci mata rai ba. Ya ci. Waƙar tana nan cikin wayarta, danna yatsa ɗaya ya isa ta shiga duniya. Akwai ranakun da takan ji wata sa'arta a rediyo da waƙar da ba ta kai rabin tata ba, ta zauna ta yi kuka mai isarta. Amma ba ta danna ba. Kuma ko da wasa ba ta taɓa gaya wa mahaifinta dalilin sallamarta ba.

Wata safiya ta biya za ta miƙa masa magani. Ta tagar kicin ta hango shuɗin kofin ya dawo kan tebur, tururi na tashi. Ba ta ƙwanƙwasa ba. Ta juya ta zaga unguwa cikin yayyafi, sai da ta tabbata ya gama sannan ta dawo.

Shekaru suka ja a haka.

Des yana da aboki tun na tashar jiragen ruwa, Stan Oglesby. Lambunansu a jere suke, kuma ba su da aiki sai gardamar albasar wa ta fi girma. Sai matar Stan, Mavis, ta kwanta ciwo, ba ta tashi ba.

Stan ya daina zuwa lambu. Ciyawa ta cinye albasar da yake tinƙaho da ita. Des ya je duba shi, suka yi zancen sanyi, suka yi zancen ƙwallo, ya fito.

Daga can gidan Keeley ya nufa. Ya tsaya a bakin ƙofa yana murza hula.

"Waƙar nan, tana nan?"

"Wace waƙa, Baba?"

"Ke, kada ki raina mini hankali. Waƙa nawa kika yi da ni?"

Ta ba shi kujera. Ya zauna a bakin-baki, ya ce, "Da na shiga gidan Stan, na ga ya yi wuf ya ɓoye wani kofi a bayan buta. Da zan fito ya ce mini zai je ganin likita, wai yana jin kansa ya fara taɓuwa. Na buɗe baki in ce masa ni ma haka nake yi, maganar ta ƙi fita. Ni ban iya ba, 'yata. Ke kika iya."

Da la'asar suka tafi tare. Stan ya buɗe ƙofa, gemu ya cika masa fuska, ya dubi jitar ya dubi Des.

"Kai tsohon banza, har da mawaƙiya? An gaya maka mutuwa zan yi ne?"

"Matsa mu wuce, ana sanyi," in ji Des.

Suka zauna a kicin. Keeley ta sa jitar a cinya, ta rera waƙar da ta daɗe ba ta bar bakinta ba. Ta rera yadda tsohon ke zuba madara, yadda yake ba kujera labarin ruwan sama, yadda yake jira shayin ya huce.

Tana kaiwa ƙarshe fuskar Stan ta yi ja. Ya juya kan abokinsa.

"Wato abin da ka gani a gidana shi ka kwasa ka kai wa yarinya?"

"Ba da kai aka yi ta ba, sakarai," in ji Des, idonsa na kan tebur. "Da ni aka yi. Tun shekarar da Glenda ta tafi."



Stan ya gyara murya. "Kullum?"

"Kullum."

"Har da sikari?"

"Cokali biyu."

"Mavis ba ta shan sikari," in ji Stan. "Sau biyu ina mantawa in zuba, sai in zubar in sake."

Tsofaffin nan biyu suka ƙura wa taga ido kamar akwai abin kallo a waje. Daga nan Stan ya miƙe, ya sa hannu a bayan buta, ya ɗauko kofin Mavis ya ajiye a tsakiyar tebur. Bai sake zancen likita ba.

 A hanyar komawa, da suka kai kan kwanar layinsu, Des ya tsaya.

"Kin ɗauka ban san abin da ya sa suka sallame ki ba? Na tsufa, amma ban makance ba. Shekarun nan duka ina jira ki goranta mini, ko sau ɗaya. Ba ki yi ba."

"Ba abin gori ba ne, Baba. Ni na yi laifi tun farko."

"Ki saki waƙar nan, duniya ta ji. Irinmu suna da yawa a ƙasar nan, kowa ya ja labule yana zaton shi kaɗai ne. Amma da sharaɗi."

"Faɗi, Baba."

Ya haɗe gira. "Wace ce Mary? Ni ban taɓa auren wata Mary ba. Sunan uwarki Glenda. Ki mayar mata da sunanta."

Keeley ta fashe da dariya da kuka a lokaci guda, a tsakiyar titi, jita a bayanta.

Ta ɗauki waƙar a wani ƙaramin ɗakin ɗaukar murya, ba kamfani ba kowa. Gidan rediyon yanki ya fara sawa. Daga nan ta bazu, don duk wanda ya ji yana da wanda zai tura wa. Piers da kansa ya kira, ya ce, "Ke kika yi daidai, ni na yi gaggawa." Keeley ta koma manyan dandamali, ta tsaya tana jin dubban mutane suna rera sunan Glenda tare da ita.

Mai shago kuwa da Des ke tsoro ba ta karkata kai ba. Ta miƙa masa madararsa ta ce, "Babana ma yana yi," shi ke nan.

Amma in ka tambayi Keeley ranar da ta ga sakamakon haƙurinta, ba za ta ce maka ranar dandamali ba. Wata safiya ce da ta biya gidan mahaifinta, ta hango tururi ta taga, ta juya za ta zaga unguwa kamar yadda ta saba. Sai ta ji an ƙwanƙwasa gilashin daga ciki.

"Ke! Ina za ki cikin ruwan nan? Shigo."

Ta shiga. Kofi uku ne a kan tebur.

"Zauna," in ji Des, ya tura mata ɗaya. "Shuɗin na uwarki ne, kada ki taɓa."

Darasi: Ba duk abin da idonka ya gani a gidan wani ne ya zama naka ba, ko da shi ne zai ɗaga ka sama. Ciwon mutum nasa ne har sai ya miƙa maka da hannunsa. Wanda ya haƙura da ɗaukakarsa don ya rufa wa nasa asiri bai yi asara ba, zai same ta a lokacinta, kuma ba zai rasa mutanensa a hanya ba. Ku tura wa 'yan'uwa da abokai, musamman masu saurin ɗaukar sirrin gida su zuba a waya.