Hayaƙin Tuliya da Daɓen Balbus

Dalilin da ya sa daɓen gidajen wankan Rumawa yake tsaye a kan 'yan gajerun ginshiƙai, yara, ku matso ku ji.

Da can daɓen a ƙasa yake, sanyi kamar gindin randa. A wani gari na ƙasar Rum an yi wata mai gurasa, sunanta Tuliya. Tanderunta na jingine da bangon gidan wankan wani mutum, Balbus. Kullum Balbus cikin mita yake, wai hayaƙinta na shiga ta tagoginsa, masu wanka na fita da tari. Ƙarshe ya kai ta ƙara.

Alƙali ya ce, "Tuliya, kwana bakwai na ba ki. In hayaƙinki ya sake shiga tagarsa, a rushe tanderun."

Hankalinta ya tashi, don da tanderun nan take ci da gidanta. Ta yi tagumi kwana biyu. A na uku ta ce a ranta, "Taga aka hana ni. Ba a ce komai kan ƙarƙashin ƙasa ba."

Ta ɗauki diga ta haƙa rami daga bayan tanderun, ta haɗa shi da wata tsohuwar magudana da ta ratsa ƙarƙashin daɓen Balbus. Ta hura wuta, hayaƙi da zafi suka bi ramin. Da hantsi sai ga Balbus ya taho ba takalmi.

"Maƙwabciya, me kika yi wa daɓena?"

"Ya tsage ne?" in ji ta.

"Ɗumi ya yi. Tsofaffi sun kwanta a kai sun ƙi tashi. Sai dai gefe ɗaya ne, har ana ture-ture. Don Allah ki ƙaro."

Tuliya ta gyara ɗaurin zane. "Hayaƙin nawa mai sa tari?"

Balbus ya sosa ƙeya. "Na janye ƙara."

"To, ka sa magina su ɗaga daɓen duka, su ɗora shi kan tubala, zafi ya samu hanya ko'ina. Ni kuma bakin ƙofarka zan kasa gurasata."

Haka aka yi. Duk wanda ya fito wanka da yunwa yake fitowa, kafin la'asar farantin Tuliya ya zama wayam. Garuruwa suka ji, suka kwaikwaya.

Shi ya sa har yau, in ka leƙa kangon gidan wankan Rumawa, za ka tarar da 'yan ginshiƙan tubali jere a ƙarƙashin daɓe, suna nan tsaye ko da yake wutar ta daɗe da mutuwa.