Gambar da Ɗayyabu Ya Dasa

Ɗayyabu Issa mutum ne da bai iya jira ba. Ko shayi aka ɗora, kafin ya tafasa ya miƙa kofi sau uku. Ni amininsa ne tun muna kiwon awaki a ƙauyenmu kusa da Korahane, don haka wannan labari ba ji na yi ba. Ni na raka shi ko'ina, kuma wallahi har yau in na tuna sai gajiya ta kama ni.

Shekara talatin ya yi yana jan kamiyo, babbar motar kaya, tsakanin Maraɗi da Agadas. Da gwiwoyi suka ƙi, ya dawo da buri guda: ya gina wa matarsa Hamsatu gidan kanta, ita da ta ƙare ƙuruciyarta a ɗakin haya a Dakoro. Ya sayar da shanunsa kakaf saboda wannan gini.

Gonar da ya gada tana iyaka da dajin da gwamnati ta keɓe, inda ba a sara, ba a gini. Gonar fili ce fayau, ko inuwar kaza babu. Amma taki arba'in cikin dajin akwai manyan itatuwan gawo da aduwa. Can idonsa ya faɗa.

Na ce masa, "Ɗayyabu, tahi wurin magajin gari a aiko a auna maka iyaka, sannan ka aza tubali."

Ya ce, "Wata nawa za su riƙe ni? Damina na bisa hanya. In na yi ruhin kwano, wa za ya rushe ma tsoho gida?"

A wajenmu, ciyawar gamba ake jerawa a bakin gona, ita ce shaidar iyaka tun kakanni. Ranar kasuwar Dakoro, da gari ya watse, Ɗayyabu ya sassaro gambar da ubansa ya shuka, ya kai ta bayan itatuwan nan ya dasa, ya bi tsohon layin da garma. Ruwan farko na sauka ta yi kore shar. Ya kira magina.

Bango ya kai taga sai ga Mahamadu, sarkin daji, wato ma'aikacin da ke tsaron gandun. Cikin ladabi ya ce, "Baba, ka shigo daji. Ga takarda, a dakata da aiki." Ɗayyabu ya nuna masa gamba, ya cusa takardar a aljihu, washegari ya ƙara magina biyu. Ranar da aka buga kwanon ƙarshe, jandarma suka kawo sammaci, suka garƙame ƙofar.

Daga nan muka shiga sintiri. Yau alƙali ya yi tafiya, gobe an ɗaga zama, jibi takarda ba ta iso ba. Shekara biyu cur muna zama a bencin gidan shari'a na Dakoro, har mai sayar da ruwan bakin ƙofa ta san sunayenmu. Kullum muka dawo, Hamsatu ba ta tambaya. Fuskarmu kawai take dubawa ta koma bakin murhu.

A ƙarshe alƙali ya zo da kansa ya ga wurin. Mahamadu ya buɗe taswira, Ɗayyabu ya ce shi bai san takarda ba, gambar ubansa ya sani. Sai aka kira Alhusaini, tsohon da ya yi noma kafaɗa da kafaɗa da marigayi Issa, uban Ɗayyabu. Tsoho bai yi musu da kowa ba. Ya karɓi fartanya ya tona gindin sabuwar gambar, sai ga saiwoyi ƙanana. Ya juya ya taka cikin gona yana ƙirga taki, ya tsaya ya tona. Ga tsofaffin kututturan gamba jere a ƙasa, kowane ya kai gindin turmi.

Ya ce, "Ɗana, kai ka ɗauke, ka bar gindi. Da ni da ubanka munka shuka ta nan."

Kunya ta kama ni kamar ni na yi. Aka yanke hukunci a rushe gidan. Na roƙe shi ya haƙura, ya ƙi, ya ɗaukaka ƙara zuwa Maraɗi. Wata shekarar ta tafi a hanya, hukunci bai canza ba.

Ranar rushewa Hamsatu ta zo a amalanke. Ta roƙi jandarma su buɗe mata ta shiga sau ɗaya. Ta bi ɗakunan uku a hankali tana shafa bango, ta leƙa ta taga, ta ɗan zauna a ƙasa. Da ta fito ta dubi mijinta ta ce, "Malam, ashe da faɗi." Ta hau amalanken ta ce a mai da ita ɗakin haya. Ɗayyabu ya durƙusa a wurin yana kuka.

Ya kai mai karatu, gaggawa aikin shaiɗan ce, kuma ramin ƙarya ƙurarre ne. Da Ɗayyabu ya jira wata biyu an auna masa iyaka, da yau gidan na tsaye cikin gonarsa, ko da ba inuwa. Kafin ka aza tubali, ka tabbata ƙasar taka ce, ka nemi izini a inda ake nema. Dajin da aka keɓe na kowa ne, kuma wanda ya ci iyakarsa ba shi kaɗai yake biya ba, har da waɗanda suka dogara da shi.