Talatuwa da Masu Naɗe Rana

Ga ta nan tafe, ga ta nan gare ku.

Ta ƙaraso mu ji da me ta zo.

To ku matso. Kai mai gyangyaɗi, in ka faɗa kan murhu ba ruwana.

A can wani zamani, garin dabbobi a kan tabarma yake zaune. Wata ƙatuwar tabarma ce, gidaje a kanta, kasuwa a kanta, rijiya a kanta. Kullum tana warwarewa da kanta juyi ɗaya, wannan juyin shi ne kwana. Ba wanda ya san haka sai dattawa uku: Kunkuru da Mujiya da Hawainiya. Ƙungiya gare su ta asiri, suna kiran kansu Masu Naɗi. In wuni ya tafi yadda suke so, su bar shi ya wuce. In bai yi musu ba, da faɗuwar rana sai su zagaya bayan gari, su sauka daga bakin tabarma, su naɗe ta juyi ɗaya. Shi ke nan, gari ya koma safiyar da ta wuce, kowa ya manta, su kuma su gyara abin da suke son gyarawa. Don haka ba a taɓa naɗa sarkin da ba su so ba. Duk tarihin da maroƙa ke rerawa, abin da suka ga dama suka bari ne.

To akwai wata kaza wake-wake, sunanta Talatuwa. Irin kajin nan ce masu ɓoye ƙwai, ba ta yarda da akurkin kowa ba. Ta tafi can bayan gari, ta tafi, ta tafi, har ta zarce bakin tabarma ba ta sani ba. Ta shiga cikin sabara ta zuba ƙwanta bakwai, ta kwanta. Ta kwanta, ta kwanta, har ya rage gobe ƙyanƙyasa.

Ran nan kuwa ake kokawar sarauta, wanda ya yi kaye shi ne sarki. Masu Naɗi Kura suke so, don ta yi musu alkawarin ba za ta yanke ko ƙwayar magana ba sai da su. Aka buga ganga, aka shiga fili, Jaki ya ɗaga Kura ya maka da ƙasa.

Rana na faɗuwa Talatuwa ta ji motsi kusa da sheƙarta. Ta leƙa, sai ga dattawa uku sun duƙa suna nishi, suna tura bakin tabarma. Ba ta gane komai ba. Da asuba zakara ya yi cara, ta ce wa ƙwanta su fito, gari ya waye. Sai 'yan tsaki suka amsa daga ciki:

"Inna, Inna, asubar jiya ce,
Mun ji ta jiya, ba ma fitowa."

Kun san ɗan tsako ba ya fasa ƙwai sai da sabuwar asuba. Kuma ƙwan da ya wuce lokacinsa, bara-gurbi yake zama.

Aka sake kokawa. Wannan karon dattawa sun shafe Kura da man shanu don ta riƙa suɓuce wa Jaki. Kura da kwaɗayi, kafin a buga ganga ta lashe jikinta tas. Jaki ya maka ta da ƙasa. Aka naɗe rana. Da asuba 'yan tsaki suka sake waƙarsu.

Aka sake kokawa. Wannan karon Jaki suka cika da dusa don ya yi nauyi ya kasa motsi. Nauyin kuwa ya yi, sai ya faɗa kan Kura ya danne ta, da ƙyar aka zaro ta. Aka naɗe rana. Da asuba Talatuwa ta kasa kunne, sai ta ji murya shida. Na bakwai ya yi shiru, ta juya shi ya yi sanyi. Ta yi kuka, ta yi kuka, don ta san gobe wani ne zai yi shiru.

Da yamma ta fito ta durƙusa gaban dattawa, ta roƙe su su bar gobe ta zo, ko don 'ya'yanta. Mujiya ta zare mata ido ta tambayi wanda ya kawo ta nan. Hawainiya ta sauya launi don fushi. Kunkuru ya ce, "Yarinya, maganar sarauta ake yi, kina kawo mana maganar ƙwai? Ki yi wasu."

Talatuwa ta dube su, sai ta ga Kunkuru na dafe da ƙugu, Mujiya na haki, hannun Hawainiya na rawa. Sai ta kwantar da murya ta ce, "Baba, ni tausayinku ma nake ji. Kullum kuna mayar da mutanen gari baya, ku kuna ƙasa kuna tsufa. Kwana nawa kuka yi asara a haka? Ku hau tabarmar mana, ni in naɗe muku, ku koma samari da 'yan mata. Sannan ku ga ko Jaki zai gagare ku."

Dattawa suka kalli juna. Shekara da shekaru suna wannan aiki, dabarar ba ta taɓa faɗo musu ba. Hawainiya ta tuna lokacin da take da launi goma sha biyu. Mujiya ta tuna lokacin da ake zuwa zance wurinta. Kunkuru ya ce to, amma in ya ce tsaya, ta tsaya. Ta ce, "Ai ko tari ka yi, Baba."

Suka hau suka miƙe ƙafa. Kaza kuwa kun san ta da tono. Ta juya baya ta sa ƙafa, ta shiga tura tabarma. Juyi, juyi, juyi. Ciwon ƙugu ya tafi, Kunkuru na dariya yana cewa a ƙara. Juyi, juyi, juyi. Sabbin gidaje suka koma fili, manyan itatuwa suka koma tsiro. Kunkuru ya ce tsaya. Talatuwa ta ce ƙura ta toshe mata kunne.

Juyi, juyi, Hawainiya ta ƙanƙance ta koma ƙwai. Talatuwa ta mirgino shi cikin sheƙa. Juyi, juyi, Mujiya ta koma ƙwai, ta mirgino shi. Kunkuru ne ya ba ta wahala, tsufansa ya yi nisa, sai da ƙafafunta suka yi tsami. Amma shi ma daga ƙwai ya fito, ƙwai ya koma, ta mirgino shi cikin sheƙa.

Sannan ta zagaya ta warware tabarma. Gidaje suka dawo, itatuwa suka dawo, Jaki ya dawo da rawaninsa a karkace. Ta saki tabarma ta koma kan ƙwanta da gudu kafin su huce.

Zakara ya yi cara. Talatuwa ta kasa kunne. Sai ta ji ƙwas. Ta ji ƙwas, ƙwas. 'Yan tsaki shida suka fito suna cewa, "Inna, wannan sabuwa ce!" Na bakwai bai fito ba. Da ta so, da ta ɗora shi kan tabarma ta naɗe ta dawo da shi da rai, ta kuma tsaya ta dubi tabarmar, ta daɗe tana dubawa. Amma in ta naɗe, sabuwar asubar nan ta 'ya'yanta shida ce za ta tsufa. Ta tona rami ta rufe shi, ta kaɗa 'ya'yanta suka shiga gari.

Bayan kwana biyu sauran ukun suka ƙyanƙyashe, ba su san komai ba sai yunwa. Ta haɗa ta riƙe, in sun yi rashin kunya ta tsattsage su. Maƙwabta na tambaya ina ta samo waɗannan munanan 'ya'ya, ta ce marayu ne. Har yau in kun ga hawainiya na tafiya, za ku ga ta ɗaga ƙafa ta yi gaba, ta ɗan yi baya, sannan ta taka. Wani abu take son tunawa, ya ƙi zuwa.

Ƙurunƙus, na ɗora ta kan ɓera ya shige rami da ita. Wanda ya tare wa mutane gobe don yau ba ta yi masa daɗi ba, akwai mai jiran goben nan da ransa. Ku tashi ku kwanta, kuma kowa ya kakkaɓe tabarmarsa.