Rantsuwar Gafiya da Ƙwaryar Giwa

An yi wata Kurciya a dajin Gwauron Dutse, mai haƙuri ƙwarai, da maƙwabciyarta Gafiya, wadda idonta ba ya ganin abu ya bar shi.

Da kaka ta yi, Kurciya ta yi ta kala a gonaki, ƙwaya ɗaya-ɗaya, har ta tara gero ƙwarya uku. Shi ne abincin 'ya'yanta biyu har faɗuwar damina. Da yake ba ta da rumbu, sai ta kai wa Gafiya ajiya a raminta.

Rani ya tsananta, ta je karɓa. Gafiya ta ce, "Wane gero? Ni kika ba? Kama gabanki, malama."

Kurciya ta kai ƙara gaban alƙali Kunkuru. To, a dajin nan akwai doka. Wanda hukuncin Kunkuru bai gamshe shi ba yana iya ɗaukaka ƙara zuwa kotun Giwa, amma sai abin da ake rigima a kai ya cika ƙwarya guda. Shi ya sa Kunkuru kan fara da tambayar yawan abu.

Gafiya ta san Kurciya ba ta da shaida, ta sa a ranta ta riga ta ci shari'a. Abin da ya rage mata shi ne toshe hanyar zuwa wajen Giwa.

Ta ce, "Allah ya gafarta malam, na rantse duk geron da ke ramina bai kai rabin ƙwarya ba. Kuma nawa ne."

"Ƙarya kike yi, uku na kawo miki!" in ji Kurciya.

"Ke da wa? Kawo shaida mana."

Kunkuru ya karɓi rantsuwar, tunda abin a hannun Gafiya yake. Na tausaya wa Kurciya a nan, don ta ga in ta faɗi, ba ta da sauran inda za ta kai kuka.

Amma Kunkuru bai yanke hukunci a zaune ba. Ya ja jiki a hankali har bakin ramin, ya leƙa, ya daɗe yana kallo.

Ya ce, "Gafiya, ke da zangarniya kike jan gero, kowa ya sani. Wannan kuwa tsintacce ne, ba ƙaiƙayi ko ɗaya. Aikin bakin tsuntsu ne. Duk geron da ke ramin nan a ba Kurciya."

Aka tona rami. Ashe a ƙarƙashin na Kurciya akwai na Gafiya kanta, wahalar shekara guda. Da aka sussuke aka auna duka, ƙwarya bakwai cif.

Gafiya ta ruga kotun Giwa tana haki. "Ranki ya daɗe, an zalunce ni. Huɗu a ciki guminna ne."

Giwa ta dube ta, ta ce, "An gaya mini kin rantse bai kai rabin ƙwarya ba. In haka ne, ba ni da hurumin sauraronki. In kuwa bakwai ne, kin yi rantsuwar ƙarya a gaban alƙali, hukuncinta kora daga daji. Wanne zan ɗauka?"

Gafiya ta sunkuyar da kai. Can ta ce, "Bai kai rabi ba."

"To, ki sauka lafiya."

Gafiya ta koma ta tarar an kwashe komai, saura wata huɗu ruwa ya sauka. Ta zauna a bakin ramin tana jin 'ya'yan Kurciya suna cin abinci a kan reshe.

Darasin wannan labari shi ne, an kafa dokar kotu ne domin kowa, ba domin mai wayo kaɗai ba. Wanda ya yi ƙarya don ya hana ɗan'uwansa neman haƙƙi a gaba, ya sani ranar da tasa buƙatar ta taso, da maganar bakinsa za a mayar da shi gida.