Katantanwar Matattakala

Akwai wani mai walda da ake kira Yaya Awo. Sunan ya bi shi ne saboda tef ɗin awo da ba ya rabuwa da aljihunsa. 'Yan layin suna cewa ko burodi ka ba shi, sai ya auna kafin ya gutsura.

Shekararsa goma sha bakwai yana aiki a shagon mahaifinsa, wanda kowa ke kira Baba. A wajen ƙofa da taga babu mai kama ƙafarsa. In ya haɗa ƙofa, da ɗan yatsa za ka tura ta, ta rufu ba ƙara.

Yana da ƙane, shi ma magidanci, ana ce masa Bahago don da hagu yake riƙe guduma. Bahago ba shi da yawan magana. Ka gaishe shi ya amsa, ya mai da kansa kan ƙarfe.

Baba ya tsufa. Yanar ido ta fara rufe masa gani, hannu kuma ya soma rawa. Wata safiya ya zauna a kan bencinsa na bakin ƙofa ya ce, "Kafin shekarar nan ta ƙare zan koma gida in huta. Shago ɗaya ne, mutum ɗaya zan bar wa."

Bai faɗi ko wane ne ba. Daga ranar Yaya Awo ya fara kallon ƙanensa ta wutsiyar ido.

To, a shagon nan akwai kalmomi biyu da Baba ba ya yarda a haɗa su. Irin murɗaɗɗen ƙarfen adon nan da kuke gani a jikin ƙofofi, wanda ke zagaye kansa daidai wa daida kamar an naɗe igiya a ƙasa, shi Baba ke kira naɗi. Ana yin sa ne a jikin wani guntun bututu da aka kafe a kan teburi, ka yi ɗari duk su fito iri ɗaya.

Akwai kuma wanda ya yi kusa da naɗi amma bai cika ba. Yana farawa a matse, ya buɗe, ya ɗan kwanta gefe guda, wani ɓangaren ya fi wani tsawo. Shi Baba ke kira katantanwa. Ita ba ta hawa bututu. Da wuta da guduma da ido ake yin ta a kan uwar maƙera.

Baba yakan ce, "Naɗi na wurin da ke tsaye ne. Katantanwa ta wurin da ke hawa ce."

Yaya Awo bai taɓa tsayawa ya ji ƙarshen zancen ba. Aikin matattakala bai dame shi ba, ya ce wa zai ga aikinka a cikin gida? Ƙofar waje ita ce kowa ke gani. Shi ya sa duk shekarun nan Bahago ne ke bin Baba aikin bene.

"Katantanwa!" in ji Yaya Awo in suna hira da maƙwabcinsu Mai Fenti. "Suna ne kawai aka raɗa wa karkataccen aiki don kada mai shi ya ji kunya. Abin da tef bai yarda da shi ba, ni ma ban yarda ba."

Ana nan sai ga wata mata ta zo shagon, ana kiranta Mai Bene. Mijinta ya rasu ya bar mata gini bai kai ko rabi ba, ita ta ƙarasa shi da guminta, ba ta roƙi ɗan'uwan kowa ba. Irin matan nan ne da in suka shiga ciniki, mai kaya ke fara neman kujera.

Makarin matattakala take so, wanda ake dafawa in za a hau. Yaya Awo ya faɗi farashi. Ta dube shi sama da ƙasa.

"Ɗana, mijina ne ya mutu, ba idona ba. Sake magana."

"Mama, ƙarfe ya yi tsada."

"Ni ma na yi tsada. Sake."

Sai da suka kwashe kusan awa guda. Ta tashi sau biyu kamar za ta tafi, Baba yana dariya yana cewa a dawo da ita. Da aka daidaita, ta ɗaga yatsa.

"Sharaɗi ɗaya. Ina da jika, shekararta biyu, ba ta san tsoro ba. Kada a bar mini kafar da kanta zai shiga. In na ga kafa, ku kwashe ƙarfenku."

Tana juyawa idonta ya faɗa kan wata katantanwa da ke rataye a bango. Ta matsa ta shafa ta.

"Wa ya yi wannan?"

Yaya Awo ya yi sauri ya ɗauko naɗinsa. "Mama, wancan gwaji ne. Ga na gaske nan, duba yadda ya zagaye."

"Na gani. Amma wancan na tambaya."

Baba ya nuna Bahago da haɓa. Mai Bene ta ce, "To, mai hagun nan shi zai yi mini."

Yaya Awo ya mayar da naɗinsa ya ajiye. Mai Fenti kuwa, da yake bakinsa ba ya hutawa, ya leƙo ta taga ya ce, "Yaya Awo, gara ka fara koyon gaida ƙanenka da hannu biyu. Na ga alamar hadari."

Yaya Awo ya yi dariyar da ba ta wuce haƙori ba.

Bahago ya je gidan ya kafa ginshiƙai, ya ɗora ƙarfen dafawa a kansu. Ya dawo da kwalaye ashirin da huɗu, kowanne ya zana masa siffar gurbi ɗaya da alli. Ya ce, "Yaya, in ka samu sarari mu je ka ga wurin."

"Ina da aiki. Ba kai aka zaɓa ba?"

Kwana tara Bahago yana gaban wuta. Kowace katantanwa ya gama sai ya ɗora ta a kan kwalinta, ya gyara, ya sake ɗorawa, sannan ya rubuta mata lamba. Baba yakan sa a miƙo masa, ya bi ta da yatsunsa a hankali ya ce, "Madalla."

Wannan madallar ita ke ƙona Yaya Awo. Ya ƙirga ƙofofin da ya yi wa shagon nan, ya rasa ranar da ya ji an ce masa madalla da irin wannan muryar. A gida matarsa ta ajiye masa abinci, ya ce gishiri ya yi yawa. Washegari ya ce babu gishiri. Ta ce, "Yaya Awo, abin da ke damunka ba a tukunyata yake ba."

Rannan da rana, Bahago ya fita salla, Yaya Awo ya zaro tef ya bi katantanwar nan ɗaya bayan ɗaya. Babu biyu da suka zo daidai. Wata ta fi tsawo, wata ta fi kwanciya, na ƙarshe guda uku ma sun lanƙwashe wani iri. Farin ciki ya kama shi. Ya ce a ransa, ashe tsohon nan makanta ce ke sa shi yabo.

Saura kwana uku a kai aikin, matar Bahago ta fara naƙuda, haihuwar ta zo da gardama, aka wuce asibiti. Baba kuma an ɗiga masa magani a ido, aka ce ya zauna a gida. Shago ya rage Yaya Awo shi kaɗai.

Bai ce wa kansa zai ɓata aikin ƙanensa ba. Cewa ya yi zai gyara. Zai kai wa matar nan aikin da tef ya yarda da shi, ta yaba a gaban Baba, sannan ya ce, ai ni na rufa wa Bahago asiri.

Ya hura wuta. Ya riƙa saka katantanwar ɗaya ɗaya har ta yi ja, ya ɗora a bututu, ya matse ta ta zama naɗi, abin da ya yi saura ya datse. Lambobin alli suka ƙone. Kwalayen ya tura su ƙarƙashin teburi.

Mai Fenti ya leƙo. "Kai, ba aikin Bahago ba ne wannan?"

"Ka ji da fentinka."

Kwana biyu ya gama. Ya jera su a ƙasa, ashirin da huɗu kamar uwa ɗaya ta haife su. Ya tsaya yana kallonsu har sai da ya ji yunwa.

Ranar kai aiki Baba ya ce sai an je da shi. Bahago ya taho kai tsaye daga asibiti, idonsa jawur, an samu ɗa namiji, uwa da ɗa lafiya. Mai Bene tana tsaye a ƙasan matattakala, jikarta na riƙe da gefen zanenta da ƙwallo a hannu.

Yaya Awo ya kwance buhu da kansa. Bahago ya kalli abin da ya fito, ya kalli yayansa.

Aka ɗaga naɗin farko aka kai gurbinsa. A nan Yaya Awo ya ga abin da ya ƙi zuwa ya gani. Gurbin matattakala ba kamar na ƙofa ba ne. Ginshiƙai na tsaye, amma sama da ƙasa a karkace suke, suna bin hawa. Naɗin ya taɓa nan ya taɓa can, ya bar wawakeken fili a kusurwar sama, da wani a kusurwar ƙasa. A ido kuma kamar zai gangaro.

Ya juya shi. Ya gwada na biyu. Ya haura wajen kwanar bene inda gurbi ya tsuke, can ma ko shiga bai yi ba. Gumi ya karyo masa.

Mai Bene ba ta ɗaga murya ba. Ta karɓi ƙwallon jikarta, wadda ta fi kan yarinyar girma, ta tura ta cikin kusurwar. Ƙwallo ta wuce salin alin, ta faɗo ƙasa tana tsalle.

"Wannan ne aikin da na yi awa guda ina ciniki a kansa?"

Bahago ya matso. "Mama, ki yi haƙuri, laifin namu ne. Ban tsaya na ƙarasa ba, na tafi asibiti. Ki ba mu kwana goma."

"Bakwai. Kuma da sabon ƙarfe, kada a kawo mini wanda aka gasa sau uku."

Baba ya ce, "Miƙo mini ɗaya."

Aka miƙa masa. Ya bi ta da yatsunsa tun daga ciki har waje. Ya daɗe. Sannan ya ce, "Wannan bututu ne ya yi ta. Bahago bai taɓa bututu ba tun da aka fara aikin nan. Yaya Awo, zo nan."

Yaya Awo ya matso.

"Karkatar da ka gani ka kira kuskure, ita ce awon. Kowace ɗaya an yi ta ne don gurbinta, ta miƙa hannu ta toshe kusurwa. Da ka je ka sa tef ɗinka a matattakalar nan sau ɗaya, da kai za ka riga kowa ganewa. Ka auna aikin ƙanenka, ba ka auna wurin da za a sa shi ba."

"Baba, gyarawa na yi niyya."

"Da gyara ka yi niyya, da ka tambaye shi."

Baba ya ajiye ƙarfen a kan matakala.

"Bari in gaya maka abin da ba ka sani ba. Tun watan jiya na gaya wa uwarku kai zan bar wa shagon. Kai ka iya awo, ka iya magana da mutane, Bahago ko farashi ba ya iya faɗa. Shi da kansa ya ce mini, Baba, ba wa Yaya, ni a bar ni da wutata. Jira nake a gama aikin nan in sanar."

Yaya Awo ya juya ya kalli ƙanensa. Bahago ya sunkuyar da kai.

"Amma wanda zai ƙona aikin kwana tara na ɗan'uwansa yana asibiti, ba zan bar masa mutane a ƙarƙashinsa ba. Bahago, shago naka ne."

"Baba, don Allah..."

"Na gama."

Kwana bakwai ɗin nan Yaya Awo ne ya riƙe awartaki, Bahago na bugu. Shi ya jawo kwalayen daga ƙarƙashin teburi ya kakkaɓe su. Aka kai aiki, kowace katantanwa ta zauna a gurbinta, Mai Bene ta bi su ɗaya ɗaya tana cusa hannu, ba ta sami abin cewa ba sai, "To."

Har yau yana shagon. Bahago bai taɓa ɗaga masa murya ba, Yaya yake kiransa kamar da, ciniki ma shi ya bar wa. Amma in baƙo ya shigo, ya ga furfurarsa, ya ce, "Kai ne mai shagon?" sai Yaya Awo ya ɗaga hannu ya nuna can ciki, wajen wuta.

Darasi: Kafin ka kira aikin wani karkatacce, je ka ga gurbin da aka yi shi dominsa. Mai hassada yana kallon hannun ɗan'uwansa har abin da ke nasa hannun ya suɓuce bai sani ba. Masu bibiyata, ku tura wa 'yan'uwa, musamman waɗanda suke sana'a ɗaya a ƙarƙashin rufi ɗaya. Allah ya raba mu da ƙyashi.