Kunnen Hagun Mubasshir da Kujerar Koci

Ranar Asabar, tara ga watan Nuwamban bara, Sagiru manajan ƙungiyar Shahon Sabon Layi ya ci mutuncin jikana Mubasshir a gaban abokansa, kuma har yau bai ba shi haƙuri ba. Na faɗi ranar ne domin kada wani ya ce tsufa ya ruɗa ni. Na ƙare aikin koyarwa a makarantun Funtuwa ba tare da na taɓa hukunta yaro a kan laifin da ban tabbatar ba, kuma ba zan fara yanzu ba. Ku gyara zama, domin bayan ƙorafina akwai shari'ar da zan bar muku, wadda ni kaina na kasa yankewa.

Ga waɗanda ba su sani ba, Shaho ƙungiya ce ta matasa masu wasan harbi a waya. Mutum biyar a nan, biyar a can, a jefa su cikin wani kango da aka zana, kowa yana gani ta idon sojansa. Wanda aka harbe ya fita sai zagaye na gaba. Da farko shirme na ɗauke shi. Sai da Mubasshir ya sa mini abin saurare a kunnuwa na gane cewa rabin wasan da kunne ake yin sa. Abokin gaba in ta hagu ya laɓaɓo, a kunnen hagu za ka ji takunsa, ka juya kafin ya bayyana. A wannan fanni babu kamar Mubasshir a garin nan. Shi ne mai shiga gaba, sauran su bi bayansa.

A bazarar bara sanƙarau ya kwantar da shi. Allah ya tashe shi, amma kunnen hagu bai tashi tare da shi ba. Da ya koma wasa sai aka riƙa harbe shi ta hagu kamar baƙo. Ban ce kada a canza ɗan wasa ba. Abin da na ce shi ne, akwai yadda ake yi. Sagiru bai kira shi gefe ba. Saƙon murya ya tura zauren hirar ƙungiya na waya, inda kowa ke ji, yana dariya:

"Jama'a, mun gode wa Mubasshir, amma ba a zuwa yaƙi da mai kunne ɗaya. Ya je su riƙa buga ludo da kakansa."

Ni ban taɓa buga ludo ba, amma wannan ba shi ne damuwata ba. Yaron ya kife wayarsa, ya daina fita. Ni da shi kullum cikin tsokana muke, in ce ya fi ni tsufa, ya ce na cinye masa gado a tuwo. Sai ga shi ina tsokanarsa yana amsa mini da "to, Malam". A nan na san abin ya wuce wasa.

Mutum uku ne suka dawo da shi. Zan faɗi aikin kowa yadda na gani, ba ƙari ba ragi.

Na farko Zaharaddini, wanda shi aka ɗora a gurbin Mubasshir. Shi ya fahimci cewa wasan da ake shiga da kowa da kowa ba zai gyara komai ba, domin yau a jefa ka wannan fili, gobe wancan, da mutanen da ba ka sani ba. Sai ya buɗe ɗakin atisaye na musamman a cikin wasan, ya kulle shi da lambar sirri, yadda ba mai shiga sai wanda aka gayyata. Ya zaɓi fili ɗaya tak. Ya tsara cewa wanda aka harbe ya tashi nan take, ba jiran zagaye. Ya hana kowa bindiga da farko, sai wuƙa, domin kada ƙarar harbi ta rufe taku. Ya sa masu kai hari su riƙa fitowa ta ɓangaren hagun Mubasshir. Ya kuma gyara masa waya yadda duk sauti zai taru a kunnen dama. Ba ya canza doka biyu a lokaci guda, sai an ƙware a ɗaya ya taɓa wata, kuma a matsayina na malami wannan ya burge ni. Yana yin duk wannan ne da sanin cewa ranar da Mubasshir ya warware, shi ne zai sauka. Na tambaye shi ko ya yi tunanin haka. Ya ce, "Malam, ai ajiya aka ba ni."

Ta biyu Ummusalma, yayar Mubasshir. Jikata ce, amma na ajiye wannan gefe. Ɗaki ya samu, sai dai babu kowa a ciki. Sojojin da na'ura ke turowa tafiyar wawaye suke yi, ba sa laɓewa, ba sa yaudara. 'Yan Shaho kuwa suna tsoron Sagiru ya ji. Ummusalma ba ta taɓa buga wasan ba, ɗinki take yi. Ta yafa mayafi ta tafi Bakin Kasuwa wurin Ɗanliti, kyaftin ɗin ƙungiyar da ke gaba da Shaho tun kafuwarta, ta roƙe shi ya kawo yaransa. Ɗanliti ya yi dariya, ya ce wato su wasa wuƙar da za a yanka su da ita a gasa. Ta ce masa:

"In kun ci Shaho babu Mubasshir, wa kuka ci?"

Suka zo. Kawo su abu ne, riƙe su wani abu ne daban. Wa zai so a riƙa kashe shi a bakin ƙofa ɗaya kullum bayan la'asar saboda wani? Ita ce mai kira in sun yi nawa, ita ce mai raba faɗa in an yi zagi, kuma a solar shagonta ake cajin wayoyi in wuta ta ɗauke. Ranar da wani ya yi wa ƙanenta ba'a, ta sa duk suka cire abin sauraren hagu suka buga a haka. Aka yi musu kaca-kaca, kuma daga ranar ba a sake ba'a ba. Gwaggonninta sun yi ta magana a kan budurwar da samari ke cika wa ƙofar shago. Ta ji, ta shanye, ba ta fasa ba.

Na uku Lawwali, amininsa tun firamare. Shi bai ɗauki makami ba. A ɗakin akwai gurbin ɗan kallo, inda mutum ke iya leƙa wasan ta idon kowane soja, kuma nan ya zauna. An daɗe ana yi, Mubasshir yana ƙara sauri, amma ana ci gaba da harbe shi. Lawwali ne ya gano dalili. Yanzu yana jin kowane taku, sai dai bai san ta ina yake zuwa ba, saboda haka yakan juya dama, ya juya hagu, kuma a wannan ɗan tsakanin ake gamawa da shi. Kowa yana cewa a ƙara atisaye. Lawwali ya kalle shi ya faɗi abin da ni kakansa na kasa faɗa:

"Abokina, kunnen nan ba zai dawo ba. Ka daina neman Mubasshir na da. Ka bar shiga gaba, ka koma baya da doguwar bindiga, ka jingina hagunka da bango, ka bar ido ya yi aikin."

Mubasshir ya ce Lawwali ma ya zama Sagiru ke nan. Ya daina gaishe shi, ko a masallaci sai ya sauya sahu. Lawwali bai janye maganar ba, bai kuma daina zuwa kallo ba. Wata rana Mubasshir ya nemi a canza dokar ɗaki zuwa dogayen bindigogi. Zaharaddini ya canza, Ummusalma ta tara mutane, Lawwali ya riƙa nuna masa lungunan da bango ke tsare hagu. Ranar ce na sake jin dariyarsa, har ya leƙo ya tambaye ni ko ya kawo ludon.

Sauran kun san shi. Kyaftin ɗin Shaho ya shiga ɗakin ya gani da idonsa, ya ce ba zai je gasar jiha ba sai da Mubasshir. Zaharaddini ya sauka da kansa. A wasan kusa da na ƙarshe suka haɗu da 'yan Bakin Kasuwa, Mubasshir ya tsare wata doguwar hanya shi kaɗai har aka tashi, Ɗanliti ya zo ya rungume shi yana cewa laifin Ummusalma ne. Shaho ta ci wasan ƙarshe ma, ta ɗauki kofi.

A nan Sagiru ya ƙara laifi a kan laifi. Ya karɓi lasifika a gaban jama'a ya ce shi ya zauna da yaron ya gyara shi. Mutumin da bai ma san lambar sirrin ɗakin ba. Masu shirya gasa sun ce ƙungiyar da ta ci za ta tafi gasar ƙasa a Abuja da 'yan wasa biyar da koci ɗaya, kuma za a zana sunan kocin a jikin kofi. Sagiru ya ce kujerar tasa ce. Yaran suka ƙi, suka ce Mubasshir ya zaɓa cikin ukun nan. Shi kuwa ya zo ya zauna gabana ya ce, "Malam Tsoho, duk wanda na ɗauka na ci amanar biyu."

Masu goyon bayan Zaharaddini sun ce ba don ɗakinsa da dokokinsa ba da babu inda za a fara, kuma shi kaɗai ya rasa gurbinsa. Masu goyon bayan Ummusalma sun ce ɗaki ba mutane kango ne, kuma ita ta sha surutu a kan wasan da ba ta ma bugawa. Wasu sun amsa da cewa ƙanenta ne, dole ta yi. Masu goyon bayan Lawwali sun ce da ɗaki da mutane duk an daɗe da su ba a ci gaba ba, sai da ya yi magana, kuma ya kusa rasa amini a kanta. Wasu sun ce magana ɗaya ce kawai, kuma ba don yana da ɗakin da zai zauna da mutanen da zai kalla ba, da bai ga komai ba.

Game da Sagiru, ba na neman shawarar kowa. Abin da nake so shi ne ya tura saƙon murya a zauren da ya tura na farko, ya ba Mubasshir haƙuri da sunansa. Sannan ya zo majalisar nan, a tsaye, ya janye abin da ya faɗa a lasifika, ya ambaci Zaharaddini da Ummusalma da Lawwali ɗaya bayan ɗaya. Ba zan karɓi haƙurin da aka aiko da shi ta bakin wani ba, kuma ba zan daina maganar nan ba sai an yi.

Kujerar kuwa ɗaya ce, masu gasa suna jiran suna, jikana kuma yana jiran abin da dattawa za su ce. To, jama'a, tsakanin wanda ya gina ɗakin, da wadda ta cika shi da mutane, da wanda ya faɗi gaskiyar da ba a so ji ba, wa za a ɗora a kujerar nan?